Ƙyaure a Zauren Malam Ilyasu

Zariya,
Janairu, 2000.

Zuwa ga Yaya Ummu Salma, Sabangali, Njamena.

Assalamu alaikum. Barkanmu da Sallah, Allah ya maimaita mana. Ina fata takardar nan ta same ku lafiya, ke da Goggo Delu da 'yarki Ramatu, da ƙanenki Hasan da iyalinsa can unguwar Lamaji. Yaya gwiwar Goggo? Man zafin da na bar mata ya yi wani amfani kuwa? Ni na iso gida lafiya, in ban da hanyar Gamboru da ta nemi raba ni da ƙuguna. Matata Lauratu da yara suna gaishe ku, har yau santin busasshen kifin nan suke yi.

Yaya, tun da na dawo bakina bai huta da labarinku ba. Mu mun taso muna jin cewa kakanmu Yunusu yana da wa, Malam Ilyasu, wanda ya tafi Makka a ƙafa bai dawo ba. A zatonmu hanya ta cinye shi, bai bar baya ba. Ashe a Fort Lami, wato Njamenar yanzu, ya tsaya, ya yi gida a bakin kogin Shari, ya bar 'ya kamar Goggo da jika kamar ke. Da binciken digirina bai kawo ni Cadi ba, da haka za mu mutu ba mu san juna ba.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne zauren gidanku da ba shi da ƙyaure. Ina ta tuna yadda Goggo ta ba ni labarin: mahaifinta ya iso garin da kumburarrun ƙafafu, ya yi ta sallama ba wanda ya ba shi wurin kwana, sai ya yi wa Allah alkawari cewa in ya sami gida ba zai sa masa ƙyaure ba. Duk wanda ya fito daga yamma a ba shi ruwa da tabarma, kuma kada a tambaye shi ranar tashi. Wallahi na ba da wannan labari a masallacin unguwarmu da na je Gumel yin Sallah, har dattawa suka yi ta kabbara.

Mai kawo miki takardar nan sunansa Ɗan'azumi, ɗan maƙwabcinmu ne a Gumel, tare yake da abokinsa. Sun ji ana shirin aikin mai a kudancin Cadi, suna son gwada sa'arsu. Kwana kaɗan za su yi a wurinku su wuce. Na ce musu ba sai sun damu da masauki ba, ni ma ina da gida a Njamena.

Ki durƙusa ki gaishe mini da Goggo.

Ƙanenki,
Abdulgani.


Sabangali,
Mayu, 2000.

Malam Abdulgani, malamin Turanci,

Wa alaikumus salam. Takardarka ta iso, mun gode Allah da ka sauka lafiya. Mu ma lafiya lau, sai zafi, wanda ka san na Njamena ba ya wasa. Goggo ta ce man ya yi daɗin ƙamshi, gwiwa kuma tana nan inda ka bar ta. Ramatu tana gaishe ka, tana ta fama da lakwal, wato makaranta. A gaishe da Lauratu, a ce kifi yana nan tafe in ruwa ya sauka.

Kafin in manta, ka sani duk takardar da zan aika sai na karanta wa Goggo ita daga farko har ƙarshe kafin in liƙe. Haka take so, ni kuma ba na tsallake mata layi. Yanzu ma tana zaune a gabana tana jan carbi.

Baƙinka sun sauka lafiya, kuma suna nan. Aikin man ba a ɗauka yadda aka gaya musu. Kullum da safe sukan tafi su tsaya a bakin ofisoshi, azahar ta yi su dawo su ci abinci. Bayansu wasu sun zo, sun ce a masallacin Gumel suka ji labarinmu. Bayan waɗannan kuma wasu sun zo daga Maigatari, sun ce daga bakin waɗanda suka ji a masallacin suka ji. Alhamdulillahi, zaure ya cika, ɗakin marigayi maigidana ya cika. Rumfar da nake ɗinki a ƙarƙashinta ma yanzu makwanci ce, na mai da keken ɗinkin kicin, ina taka shi hayaƙi yana shiga idona. Ni da Ramatu mun koma ɗakin Goggo. Tukunyar da muke ɗorawa kullum ita ce wadda a da sai biki ake fito da ita.

Lokacin da nake yarinya ma ana sauka a gidan nan, amma tsofaffi ne masu sanda da buta, mutum ɗaya ko biyu a shekara. Su huta, ƙafa ta sace, su yi mana addu'a su nufi Abeshe a hanyarsu ta Makka. Tun da jirgi ya ɗauke alhazai ma suka yi wuyar gani. Waɗannan na yanzu samari ne masu ƙarfi, Allah ya ƙara musu lafiya, cin mutum ɗaya ya kai na tsofaffi uku.

Goggo ta ce in gaya maka tun rasuwar mahaifinta ba ta ga gidan da rai haka ba. Ta ce Allah ya yi maka albarka. Na rubuta yadda ta faɗa.

Ka ga kai malami ne. Ka karanta takardar nan sau biyu.

Yayarka,
Ummu Salma.


Zariya,
Oktoba, 2000.

Yaya Ummu Salma,

Sallama da gaisuwa mai yawa. Ina fata damina ta wuce muku lafiya, Shari bai yi muku ɓarna ba. A nan ƙaramin yaronmu ya yi ƙyanda amma ya tashi, Lauratu kuma tana da juna biyu, a sa mu a addu'a. Ki yi haƙuri da jinkirin amsa, jarrabawar ɗalibai ce ta riƙe ni.

Kin ce in karanta sau biyu. Wallahi sau uku na karanta, har idona ya kawo ruwa. Mace ta bar rumfarta ta koma kicin saboda baƙon da ba ta taɓa gani ba! Na karanta wa ɗalibaina wannan wurin a aji, na ce musu ga Hausancin da muka zubar a nan, yana can a raye a bakin Shari. Albarkar da Goggo ta sa mini kuwa ta fi mini digirin.

Bari in ba ki labari mai daɗi. Na daɗe ina neman kalmar da zan ɗora binciken nawa a kanta, sai takardarki ta ba ni. Da Turanci ana cewa *influx*. Ma'anarta kwarara zuwa ciki, yadda ruwa yake gangarowa ya shiga wuri. Asalinta ba Turancin Ingila ba ne, daga Latin take, tsohon harshen Rumawa. Gaɓa biyu ce aka haɗa: *in*, wato ciki, da *fluere*, wato gudana. Ta shiga Turanci kimanin shekara ɗari huɗu da suka wuce. Da farko da ita ake faɗin yadda kogi yake zuba cikin teku, ko yadda haske da iska suke shiga ɗaki. Daga baya aka ga ai mutane ma haka suke yi in sun ji labarin arziki a wani gari, sai aka ba su aron kalmar. Wani abin mamaki, tushensu ɗaya da sunan da Turawa suke kiran mura mai tsanani, domin mutanen da sun ɗauka taurari ne suke kwararo wa mutane cutar daga sama. Kin ga yadda kalma ɗaya take ɗauke da tarihi!

Malamin da yake duba aikina ya ji daɗinta ƙwarai. Ya ce gidanku misali ne da ba a samun irinsa: kwarara ta farko ta alhazan ƙafa, ta biyu ta masu neman aikin mai, duka ta ƙofa ɗaya. Ya ce babu mai iya tare irin wannan, kamar ruwa ne, inda ya ga gangare nan yake bi.

Ina roƙon alfarma. In da hali ki riƙa tambayar baƙin garinsu da abin da ya fito da su, ki rubuto mini. Zai taimaka mini sosai.

Mai kawo takardar Taufiƙ ne, ƙanen Lauratu, da wasu yara na unguwarsu. Tun da kin ce gidan ya yi rai, na san ba za su takura muku ba.

Naki,
Abdulgani.


Lamaji,
Fabrairu, 2001.

Abdulgani,

Muna lafiya. Allah ya sauki Lauratu lafiya. Gaisuwar ke nan, yau ba ni da doguwa.

A gidan Hasan nake rubuta wannan, Goggo ba ta san da ita ba. Ban taɓa ɓoye mata takarda ba sai yau, kuma kai ka ja mini. Na ce ka karanta sau biyu, ka karanta sau uku, ka yi kuka, ka kai aji. Ashe ana iya yin digiri ba a gane kukan mace ba in ta sa masa alhamdulillahi a gaba. To ga shi a fili: ka daina turo mana mutane. Ka koma masallacin da ka yi shela ka ce musu gidan ya cika.

Ka san yadda muke kwana? Ramatu ba ta shiga wanka sai na tsaya a bakin banɗakin da zani a hannu, saboda katangar gajeriya ce kuma samarinka dogaye ne. Yarinyar da za ta rubuta jarrabawar fita lakwal bana, a kan buhun gawayi take karatu. Masu kawo mini ɗinki sun ragu, wace mace ce za ta ratsa maza a zaure ta zo a gwada ta? Masai ya kusa cika. Mai unguwa ya zo sau biyu, ya ce maƙwabta sun kai ƙara. Ɗan'azumin da ka ce kwana kaɗan zai yi, ya shekara, har ya kafa teburin shayi a ƙofar gida, shi yake nuna wa sababbin zuwa inda za su shimfiɗa tabarma.

Na yi wa Goggo magana sau ɗaya. Ta dube ni ta ce, "Ummu, kakanki ya tambayi wani ranar tashi?" Na ce a'a. Ta ce, "To, kalas." Ka san in ta faɗi wannan an rufe zance. Ita ta raine ni tun ina goye da uwata ta rasu, ban iya ɗaga mata murya ba. Kuma kai ka ce in riƙa yi wa baƙi tambayoyi, a gidan da ka san ko ranar tashi ba a tambaya. Da wane kunne ka saurari Goggo?

Kalmarka kuma na gode. Mu ma muna da irinta a Faransanci, kullum rediyo yana faɗin ta a kan masu neman aikin mai, ba sai an je wurin Rumawa ba. Amma ka gaya wa malaminka ni a bakin kogi aka haife ni. Shari yana cika kowace shekara, bai taɓa shiga ɗakinmu ba. Shekarar da ya shiga gidan maƙwabcinmu, shi da kansa ya fasa gaɓa don ya ja ruwa zuwa lambunsa. Mutanen nan ba taurari ne suka zubo mana su ba. Kai ka tsaya a masallaci ka ce kana da gida a Njamena. Ka ji daɗi dattawa sun yi kabbara, ni kuma nake tuƙa tuwon.

Kai kaɗai za ka iya tsayar da abin nan ba tare da an taɓa alkawarin Malam Ilyasu ba. In an daina zuwa, waɗanda suke nan za su gaji su watse, Goggo ba za ta san komai ba. Ina roƙonka don zumuncin da ka ce ka gano. Ka yi sauri kafin damina.

Zan ba wani direban Maiduguri ya kawo maka.

Ummu Salma.


Zariya,
Yuni, 2001.

Yaya,

Gaisuwa da fatan alheri. Shiru ya yi yawa, ko lafiya? Tun takardata ta Oktoba ban ji daga gare ku ba. Na san hidimar baƙi ce ta sha kanki, Allah ya ba da lada. Lauratu ta sauka, an sami mace. Na sa mata suna Delu, ki gaya wa Goggo ta yi takwara a Zariya.

Na gabatar da wani yanki na binciken a wani taro a Kano, an yi tafi sosai. Da na zo kan zauren da ba ƙyaure, wani farfesa ya ce sai ya je ya gani da idonsa. Gidan rediyo ma sun yi hira da ni a kai, wataƙila wani a cikin baƙinku ya ji.

Bayanan da na roƙa har yanzu ina jira. Ko kaɗan ne ki aiko.

Masu kawo wannan mutanen Haɗeja ne, sun same ni bayan hirar rediyon. Ban san su sosai ba, amma da ganinsu mutanen kirki ne.

Ƙanenki,
Abdulgani.


Sabangali,
Satumba, 2001.

Abdulgani,

Assalamu alaikum. Barka da samun ƙaruwa, Allah ya raya Delu. Goggo ta ji, ta yi murna. Wannan ne labari mai daɗi na ƙarshe da na kai mata.

Daga takardarka na gane tawa ta Fabrairu ba ta same ka ba, ko kuma ta same ka ka ga ba ta dace da taron Kano ba. Ban sani ba, kuma yanzu bai dame ni ba.

Mutanen Haɗeja sun iso ana tsakiyar ruwa. Masai ya cika ya tumbatsa, ruwan sama ya kwaso abin da ke ciki ya shimfiɗa a tsakar gida, inda mutane suke kwana, inda nake girki. Amai da gudawa ya shigo gari, gidanmu na cikin na farko a unguwa. Wani yaro daga cikin mutanenka ya fara da safe, kafin la'asar ya rasu a zaure. Da aka zo ɗaukarsa aka tambaye ni sunan ubansa da garinsu, ban sani ba, abokan tafiyarsa ma a mota suka haɗu da shi. Haka aka binne ɗan mutane. Wata uwa tana can tana jiran ya aiko mata da kuɗin mai.

Sai cutar ta kama Ramatu. Abdulgani, na ɗauki 'yata a hannu kamar tsumma, idanunta sun faɗa, ba ta gane ni ba. A tantin asibiti aka yi ta ƙara mata ruwa, ina tsugune a gefenta ina kallon robar. A nan na yi wa Allah nawa alkawarin. Kakana ya yi nasa a kan baƙi, ni na yi nawa a kan 'yata.

Da aka sallame ta na kai ta Lamaji, na dawo da Hasan da mai unguwa. Na tsaya a tsakar gida na ce kowa ya tattara kayansa. Ɗan'azumi ya miƙe ya ce, "Hajiya, ai Malam Abdulgani ya ce gidan nan na Allah ne, ba na wani ba." A gidan da aka binne cibiyata! Ban san lokacin da na ɗauki muciya ba, Hasan ne ya riƙe ni. Surukinka Taufiƙ ma ya fita yana zage-zage. Kafin azahar gidan ya zama wayam, na kira mai walda.

Goggo tana ɗaki duk abin nan. Sai da ta ji ƙarar ƙarfe ta kira ni. Ta ce, "Ummu, me ake bugawa?" Na ce, "Ƙyaure ne, Goggo." Na durƙusa na gaya mata Ramatu ta kusa mutuwa. Ta ce ta sani, ita ma ba ta runtsa ba. Na ce to ki yafe mini. Sai ta miƙe. Ta yi sallar la'asar, ta ƙulle zannuwanta a ɗankwali, ta ɗauki buta da carbi, ta dogara sanda har zaure. Mai walda ya ɗaga ƙyauren zai kafa, ta ce masa, "Yaro, dakata in fita tukuna. Kada a rufe da ni a ciki."

Matar da aka haifa a gidan nan, wadda ko da aka yi yaƙi a garin nan kowa ya tsallaka kogi zuwa Kusiri ita ta ƙi motsawa, ta fita da ƙafarta. Hasan ya sa ta a tasi. Tana Lamaji yanzu, a ɗakin da ko daɓe ba a yi masa ba.

Ka ce in aiko maka da bayanai. Ga su nan.

Ummu Salma.


Zariya,
Disamba, 2001.

Yaya Ummu Salma,

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Allah ya jiƙan yaron nan, ya ƙara wa Ramatu lafiya. Mu nan lafiya, sai tashin hankalin da takardunki suka jefa mu.

Duka biyun a mako ɗaya suka iso. Ta Fabrairu direban ya mance da ita a aljihun motarsa, sai da zai sayar da motar ya gan ta. Wallahi da ta zo a kan lokaci da ban turo kowa ba. Kin zarge ni da abin da ban sani ba.

Amma Yaya, ki yi mini adalci. A takardarki ta farko alhamdulillahi kika rubuta, kika ce Goggo ta sa mini albarka. Ta yaya zan san akwai wata magana a ƙarƙashi? Da kin fito fili tun lokacin da duk haka bai faru ba. Kuma mutanen nan ko ban yi magana ba za su zo, duk ƙasar nan kowa Cadi yake nufa.

Maganar ƙyaure kuwa, ina ganin fushi ya sa kin wuce wuri. Ai da an rage mutanen, an haƙa sabon masai. Alkawarin da ya fi shekara sittin ba a karya shi da rana ɗaya. A Gumel yanzu ba na iya ɗaga kai, Taufiƙ ya baza cewa da muciya aka kore su, Lauratu ma ba ta sakar mini fuska. Shawarata ki sa a cire ƙyauren, ki je ki ba Goggo haƙuri ta dawo ɗakinta. Tsohuwa ce, kada ta tafi da ke a rai.

Ina kare binciken a watan Maris. Da na gama zan zo da kaina in sasanta ku, na san Goggo tana jin maganata. Kafin nan ina neman izininki in sa labarin rufe zauren a babin ƙarshe, ba tare da sunanki ba. Malamina ya ce shi ne zai cika aikin.

Ƙanenki,
Abdulgani.


Sabangali,
Afrilu, 2002.

Abdulgani,

Assalamu alaikum. Ina fata kun wuni lafiya kai da iyali, kuma ka kare bincikenka yadda kake so. Ramatu ta warware, ta yi ƙiba, ta koma lakwal tana maimaita shekara. Ni ma da sauƙi.

Ba sai ka zo sasanci ba. Goggo ta rasu ranar Talatar makon jiya, a Lamaji, da hantsi. Ba ta yi doguwar jinya ba. Allah ya jiƙanta, ya sa ta huta.

Ka ce in ba ta haƙuri, kamar kai ka fara tunanin. Tun ranar da ta fita babu Juma'ar da ban je Lamaji ba. In dafa mata miyar kuka da busasshen kifi yadda take so, in hau mota in sauka in taka sauran da ƙafa. In na yi sallama sai ta amsa da fara'a, ta sa matar Hasan ta shimfiɗa mini tabarma, a kawo mini ruwa. Ta tambaye ni hanya, ta tambaye ni mutanen gida. Abincin kuma ta sa a kai wa masu aikin gini a maƙwabta. Ba ta zage ni ba, ba ta ɗaga mini murya ba ko sau ɗaya. Da ta zage ni da na ji sanyi. Tun da ta bar Sabangali ban ƙara jin ta ce Ummu ba, sai dai "baiwar Allah".

Sau ɗaya na ce mata, Goggo, in na cire ƙyauren za ki dawo? Ta ce, "Za ki cire?" Ta san ni, ita ta raine ni. Ban cire ba, kuma ba zan cire ba. Ko yau aka mai da ni tantin asibitin nan, mai waldan zan sake kira. Abin da yake ci mini rai shi ne a da ba sai na zaɓa ba. Shekara da shekaru ina riƙe da Goggo da alkawarin ubanta da 'yata a gida ɗaya, ba wanda ya takura wani, har ranar da ka zo ka ga abin ya yi maka kyau.

Ka ce da na fito fili. Gaskiya ne, ban fito ba, domin a gabanta nake rubutu, kuma na gaya maka haka a layi na farko-farko. Na ɗauka ɗan'uwa zai ji an ce mace ta koma ɗinki a kicin ya tambayi kansa ko lafiya. Babinka na ƙarshe kuma ka sa abin da ka ga dama, har da sunana. Wadda zan ji kunyarta ta riga ta tafi.

Ta bar wa Hasan wasiyya cewa kada a kawo gawarta Sabangali. Ta kuma faɗi matan da za su yi mata wanka, matar Hasan da wasu maƙwabta biyu da ta sani wata bakwai kacal. Ni da na yi shekara ashirin ina cuɗa mata baya, ina yanke mata farce, a waje na tsaya ina jin ƙarar ruwa.

A Lamaji aka yi zaman makoki. Da na shiga, matan unguwar ba su san ni ba, sai wata ta matsa mini wuri a cikin masu zuwa gaisuwa. Na zauna a nan. Da layi ya zo kaina na durƙusa a gaban matar ƙanena, na ce mata Allah ya ba ku haƙuri.

Ummu Salma.